Yatsun Direba

A gidan nan babu wanda ya taɓa ɗaga wa Direba murya, kuma abin da ya fi ƙona rai ke nan a labarinsa. Duk abin da aka yi masa, da "Yaya" aka yi masa shi, da murmushi, da "Allah ya ƙara sauƙi".

Shekararsa huɗu a ɗakin da ke jikin banɗaki, tun haɗarin da ya taɓa masa ƙashin wuya ya raba shi da tirela. Ƙafafu sun tafi, ba su da niyyar dawowa. Hannuwa kuwa rabi da rabi aka yi: kafaɗa da gwiwar hannu suna jin magana, yatsu ne suka so su bi sahun ƙafafu. Malamar gashin ƙashi ta ba shi ƙwallon roba ta ce ya riƙa matsawa. Ya matsa kwana uku, ya ture ta ƙarƙashin gado. Mutumin da ya saba murza sitiyarin mota mai taya goma sha takwas, a ce ya wuni yana wasa da ƙwallo kamar ɗan goyo?

Auta ce ta samo dabara. Ita ce ƙaramarsu, tana koyarwa a wani gari mai nisan wuni guda a mota. Ta aiko da na'urar wasan bidiyo da fad guda biyu, wato abin riƙewar nan mai madannai, ta kuma yi masa rajistar da take sabuntawa duk shekara. Ƙa'idar rajistar mai sauƙi ce: farkon kowane wata ana ba da sababbin wasanni kyauta, wanda ka karɓa ya zama naka muddin rajistar na raye, ranar da ta mutu kuwa duk su kulle. Da farko dariya Direba ya yi, ya ce shi da furfura a gemu za a mayar yaro. Sai a wata na uku aka ba da wasan tuƙin tirela. Ya ga dogon titi a talabijin, ya ji ƙugin inji, ya ga madubin gefe daidai inda ya san madubi yake zama. Ranar har shayinsa ya huce bai sani ba, kuma babban yatsansa na dama, wanda ya fi rabin shekara a kwance, ya motsa don kada motar ta faɗa rami.

Daga nan kowane wata da yatsan da yake tasarwa. Wasan ƙwallo ya farkar da yatsan nuni, wasan noma ya koya wa hannun hagu haƙuri, wani na tsalle-tsalle da ya tsana ya sa ƙaramin yatsa ya fara kawo ɗauki. Kafin shekara ta zagayo yana riƙe cokali, yana goge haƙoransa, yana sa maɓallin rigarsa, ko da guda ɗaya zai cinye masa minti biyar. Ranar da malamar gashin ƙashi ta sallame shi, a gaban Inna da ƙanensa Mai Aski ta yi maganar, kuma ba da raɗa ba:

"Kada a raba shi da abin nan ko na mako ɗaya. Yatsun nan in suka zauna, lanƙwashewa za su yi. In suka lanƙwashe kuma, ni ma ba ni da yadda zan yi da su."

Saboda haka kada wani ya ce ba a sani ba. An sani sarai.

Mai Aski mutumin kirki ne a idon unguwa. Shi ke ɗaga yayansa daga gado zuwa keke kowace safiya, ya kai shi banɗaki, ya yi masa wanka, sannan ya wuce shagonsa da ke bakin titi. Shi kaɗai ne mai ƙarfin wannan aikin a gidan, kuma ya san haka. Wata safiya yana tsane masa baya da tawul, idonsa ya faɗa kan talabijin, inda hotunan wasannin suka jeru layi-layi.

"Yaya, duk waɗannan naka ne?"

"Ɗari da wani abu. Ban taɓa barin wata ya wuce ban karɓa ba."

"Kuma duk kyauta?"

"Kyauta, in dai Auta na sabunta rajista."

Mai Aski ya shiga ninke tawul, ya ninke ya sake warwarewa. Sannan ya kawo kukansa. An buɗe sabon shagon aski a tsallaken titi, da kujeru masu juyawa da ƙaton talabijin. Mutum zai leƙo nasa shagon, ya ga biyu a layi, ya tsallaka abinsa. Da akwai abin da zai riƙe masu jira, da ba haka ba.

"Aron Asabar da Lahadi kawai, Yaya. Litinin da safe, kafin ka sha shayi, yana nan."

Direba ya dubi fad ɗin da ke kan cinyarsa. Gefensa na dama har ya yi sheƙi saboda gogar tafin hannu. Ya so ya ce a'a, amma da wane baki za ka ce a'a ga mutumin da yanzun nan ya gama wanke maka inda kai ba ka iya kaiwa?

"Ka dai kula min da tirelata," in ji shi. "Akwai kaya a kanta, ban sauke ba."

Mai Aski ya yi dariya har da dukan cinya, ya naɗe wayoyin ya fita.

Litinin ta zo, ba na'ura. "Wallahi mantawa na yi, gobe." Goben ta zo, aka ce an fara gasa a shagon, ba a gama ba. Ranar Alhamis aka ce ai Asabar ta kusa, kuma ɗauko da mayarwa shi ke kashe kayan wuta. Mako na uku Mai Aski ya daina wahalar da kansa da neman dalili, sai dai ya ce "In sha Allahu" yana ɗaura agogo, ya fice.

Direba ya kai ƙara wajen Inna, ranar da ta kawo masa shayi da burodi.

"Inna, ki yi wa yaron nan magana."

Ta zauna a bakin gado tana sauke numfashi. "Haba, babba da kai. Kai wasa kake yi da shi, shi kuwa abinci yake nema da shi, kuma abincin nan kai ma da shi ake ciyar da kai."

"Ba wasa ba ne, Inna, magani ne. A gabanki malamar ta faɗa."

"To ai ka warke. Ga ka nan kana shan shayi da hannunka. Mutum ya warke kuma ya yi ta shan magani?"

Inna ba ƙinsa take yi ba. Tsoro take ji, irin na tsohuwar da ta ga ɗa ɗaya ya rage mata a tsaye, ta ƙudura a ranta ba za ta ɓata masa ba ko da wa zai taka. Amarya kuwa, matar Mai Aski, wadda shekara shida da aure sunan bai sake ta ba, nata uzurin ya fi na kowa tsafta. Tana shara ta ce, "Ni wallahi, Yaya, don lafiyarka na ji daɗi. Wuni guda ido a talabijin, ai sai ciwon ido ya zo ya tarar da wanda ke akwai. Ka ji yadda ɗakin ya yi shiru? Yanzu ka samu hutu."

Hutun nan ne ya fara cin sa. Ya sa aka zaƙulo masa ƙwallon robar daga ƙarƙashin gado, aka kakkaɓe ƙurar, ya shiga matsawa. Ya yi ƙoƙari, kada a ɗauki alhakinsa. Amma da fad a hannu yakan yi awa biyar yatsu goma na aiki bai sani ba, don hankalinsa na kan kwana da gada da motar da ke gabansa, kuma kowane yatsa da nasa aikin. Ƙwallo kuwa dunƙulewa kawai ta sani, ba ta san miƙewa ba, kuma minti goma da ita sai ya ji kamar an ɗaure shi a rana. Da safe ya fara tashi ya ji yatsun sun yi nauyi, sai ya goga su a cinya kafin su yarda su buɗe.

Akwai al'adar da Auta ta ɗora wa kanta. Duk ranar da sababbin wasanni suka fito, in ta taso daga makaranta takan kira ta bidiyo ta ga yayanta yana gwada na watan, su yi ta musun wanne ya fi. Mai Aski bai manta da wannan ba. Ranar, da la'asar, sai ga shi da na'ura a jakar leda yana haki. Ya jona wayoyi, ya goge gashin da ya maƙale a jikin fad da gefen rigarsa, ya ɗora masa a hannu.

"Yaya, ba sai mun tayar mata da hankali ba. Ka san ta da saurin kuka."

Fad ɗin na warin man gashi, madannin hagu ya saki. Direba ya bi jerin wasannin daga sama har ƙasa yana neman tirelarsa, bai gan ta ba.

"Au, wannan?" in ji Mai Aski. "Wuri take ci. Na goge ta gaba ɗaya don sabon wasan ƙwallo ya samu shiga. Ana iya sake saukewa ai, ba kyauta ba ce?"

Wasan dai ana iya sake saukewa. Amma tafiyar shekara uku, da garejin da ya gina, da jar motar da ya yi wa fenti da yatsun da a lokacin ko cokali ba sa riƙewa, waɗannan babu wanda ya san inda suka shiga. Bai samu ya ce komai ba wayar ta yi ƙara, Amarya ta ɗauka ta saita masa, fuskar Auta ta cika gilashin.

"Yaya! Me aka ba mu wannan watan?"

Tseren kwalekwale ne. Ya kife sau uku kafin ya kai gada ta farko.

"Kai, Yaya, yau ka sha kashi! Ko tsufan ne ya zo?"

"Fad ɗin ne ya gaji," ya ce, ya yi mata dariya.

Minti ashirin suka yi. A cikinsu ya ji yatsun na farfaɗowa, suna tuna hanya, har a zagaye na ƙarshe ya zo na uku. Auta na yin sallama, hannun Mai Aski ya riga ya kai kan soket.

Wata na biyu ma haka aka yi, sai dai a wannan karon yatsan nuni ya ƙi kaiwa madannin sama, komai yadda ya ja shi. Da aka kashe wayar, Mai Aski na cusa na'urar a leda, Direba ya yi maganar da ya kwana biyu yana taunawa.

"In ka fita da shi yau, zan gaya wa Auta."

Mai Aski ya tsaya da leda a hannu. Bai yi fushi ba, ko kusa. "Yadda ka gani, Yaya. Kai ne babba." Ya sa kai ya fita da kayansa.

Washegari ba a zo ɗaga shi ba. Ya ji an buɗe ƙofar gida da sassafe, ya ji babur ya tashi ya yi nisa. Bakwai ta yi, takwas ta yi, goma ta wuce. Jikin da ba ya jin umarni ya yi abin da ya saba yi a kan lokacinsa. Inna ta shigo ta sa hannu a ƙarƙashin kafaɗarsa ta ja, ta kasa, ta zauna a ƙasa tana riƙe da ƙugu tana hawaye. Amarya ta tsaya daga bakin ƙofa da mayafi a hanci, ta ce ita dai bai dace ta taɓa yayan miji ba, kuma ta kira maigidan sau biyar wayarsa a kashe. Rana ta hau ta daki rufin kwano, ƙudaje suka gano ɗakin. Direba ya kwanta yana kallon silin, ya ɗaga hannu zai kori wanda ya sauka masa a leɓe, hannun ya wuce ta gefe. Tun da ya baro asibiti bai yi kuka ba sai ranar.

Sai bayan azahar Mai Aski ya faɗo ɗakin da gudu yana salati. "Yaya, ka yafe ni! Kilifar aski ce ta lalace, na tafi cikin gari gyara, ga waya ba caji." Ya ɗauke shi cak, ya wanke shi tas, ya canza zanen gado, ya shafa masa hoda a baya a hankali kamar ma'aikacin asibiti. Babu wanda ya ambaci Auta. Ba a kuma sake kawo maganar gaya mata ba, don Direba ya gane karatun.

A wata na huɗu cokali ya fara zamewa. Zai ɗebo shinkafa, kafin ya kai baki sai hannun cokalin ya juya, rabi a ƙirji, rabi a ƙasa. Amarya ta dubi ƙasan da ta share da safe ta ce, "Yaya, in ba ka son abincin ka faɗa mana, ba sai an yi almubazzaranci ba." Rigunansa masu maɓalli aka kwashe aka kawo masu faɗin wuya, waɗanda ake zurawa ta ka. Buroshin haƙori ya koma hannun Mai Aski, wanda ke yin aikin a tsaye da ido a kan agogo. Wayarsa, da yake latsawa da gaɓar yatsa, ta faɗi sau biyu, sai Amarya ta adana masa ita a ɗakinta don kada ta fashe. Talabijin ma aka mayar falo, tunda babu abin da aka jona masa, zama kawai yake yana shan ƙura. A bango aka bar ƙusoshi huɗu da wani murabba'i da fentinsa ya fi sauran haske.

Ya roƙi a mayar da shi wajen malamar gashin ƙashi, ko sau ɗaya.

"Ina so, Yaya," in ji Mai Aski, "amma mota ake nema, kuma ranar asibitin ranar cika ce a shago. Bari dai a ga wata mai zuwa."

Inna ta fara ba shi abinci a baki. Hannunta na rawa, nasa a lanƙwashe a kan cinya, tsakanin su biyun da ƙyar rabin faranti ke isa ciki. Takan goge masa gemu da gefen zaninta ta ce, "Jiki ne, yau sauƙi gobe tsanani. Ƙaddara ce, ka yi haƙuri." Shi kuwa yana jin ƙaddarar tasa da kunnensa. In iska ta juyo daga bakin titi, har ɗakinsa ihun masu jiran aski ke zuwa, duk lokacin da wani ya ci ƙwallo.

Wata uku a jere aka kauce wa kiran bidiyon. Sau ɗaya aka ce babu wuta, sau ɗaya aka ce ya samu barci, sau ɗaya aka kara masa wayar a kunne Amarya na tsaye a kansa. Auta ba yarinya ba ce. Da watan sabunta rajista ya kama, ta kira Inna ta ce, "Na daɗe ban ga Yaya yana wasa ba. In ya gaji da abin ne ku gaya min, ba sai na sabunta ba. Ranar Talata zan kira, ina so in gan shi da idona."

Mai Aski na cin abinci lokacin da Inna ta isar da saƙon, ya ajiye cokali. In rajistar ta mutu, wasanni ɗari da wani abu sun kulle a rana ɗaya, masu jiran aski kuma titi kawai za su tsallaka.

Ranar Talata, abin da bai taɓa yi ba, ya bar shago da rana tsaka. Ya yi wa yayansa wanka na biyu, ya zauna ya yi masa aski na gani na faɗa, ya gyara gemu, ya fesa turare. Aka sa masa farar riga mai maɓalli, Mai Aski ya sa maɓallan. Aka turo kekensa falo, gaban talabijin, inda labule sabo ne kuma haske na shigowa.

"Ka ga abin da na sauke maka, Yaya? Mutuniyarka."

Tirela ce, fara, sabuwa, babu fenti babu suna, tana tsaye a bakin gareji inji na ƙugi. Zuciyar Direba ta buga kamar ya hango tsohon aboki a tasha.

Yatsunsa sun riga sun naɗe zuwa cikin tafi. Mai Aski ya durƙusa ya buɗe su ɗaya bayan ɗaya, ya cusa fad a tsakani, ya saki, suka koma suka damƙe. Direba ya tattara duk abin da ya rage masa ya aika wa babban yatsansa na dama. Ba ya neman da yawa, taku ɗaya kawai motar ta yi, ya san in ta motsa yau, gobe ma za ta motsa. Jijiyar wuyansa ta tashi, gumi ya keto ta sabon askin. Yatsan ya yi rawa a inda yake, bai kai madannin ba. Ya sake, ya sake. Tirelar na nan tsaye tana ƙugi.

Inna ta kawar da kai.

Mai Aski ya dubi agogo, sannan ya zaro ɗayan fad ɗin daga leda, ya haɗa shi da na'urar a madadin na hannun Direba. Ya zauna a ƙasa, jikin bango, ta inda wayar ba za ta kama shi ba. "Ke," ya ce wa matarsa, "tsaya ta bayansa. Ƙeyarsa da talabijin za ki nuna, da ɗan gefen fad ɗin. Kada ki sauko ƙasa."

Wayar ta yi ƙara.

"Yaya! Kai, wannan aski haka? Lah, tirelarmu ta dawo!"

Motar ta tashi da fizga. Direba na zaune riƙe da fad ɗin da ba a haɗa da komai ba, yana kallon ƙanensa yana tuƙi. Kuma wane irin tuƙi! Ba sigina, ba duba madubi, ga kwana na zuwa ya manne wa gefen titi kamar mai babur. Bakin Direba ya suɓuce.

"Buɗe kwanar... buɗe ta, bayan zai hau..."

Bayan tirelar ya kwashi fitilar titi. Auta ta fashe da dariya. "Da wa kake faɗa kuma?"

"Da kaina," ya ce.

"Direban duniya guda, yau ka kashe fitilar gwamnati!" Ta yi dariya ta gaji, sannan muryarta ta sauka. "Amarya, juyo min da fuskarsa." Aka juyo, daga wuya zuwa sama. "Yaya, tsakaninka da Allah, hannun lafiya? Abin yana yi maka amfani har yanzu? In sabunta?"

Kalma biyu ta ishe shi. Abin da zai ce mata kawai shi ne, dubi hannuna. Ya ji su a kan harshensa. Sai tafin Inna ya sauka a kafaɗarsa, a hankali. Daga ƙasa Mai Aski ya ɗago ya dube shi, ba harara ba gargaɗi, fuskar nan dai da ke leƙowa kowace safiya ta ce, "Yaya, an tashi lafiya?" Auta na can nisan wuni guda a mota, in ta zo za ta yi kwana uku ta koma. Gobe da ƙarfe bakwai wannan fuskar ce za ta leƙo, ko kuma ta ƙi leƙowa. Ya tuna ƙudan da ya sauka masa a leɓe.

"Lafiya lau, Auta. Sabunta."

"Alhamdu lillahi!" Ta share ido da bayan hannu. "Wallahi har na fara zargi. Ka san duk malaman makarantarmu sun san labarinka? Nakan ce musu yayana da wasa ya ƙwato hannunsa. Yanzun nan zan yi, kada ka rasa na watan nan."

Ba a yi minti biyar da kashe wayar ba, rubutu ya fito a kusurwar talabijin cewa an sabunta rajista na shekara guda. Mai Aski ya sauke ajiyar zuciya, ya miƙe yana kakkaɓe wando. Ya zare wayoyi, ya naɗe, ya sa na'ura a leda, ya zo ɗaukar fad ɗin da ke hannun yayansa. Ya ja, bai fito ba.

"Yaya, saki mana. Na bar mutane a shago."

"Ba ni na riƙe ba."

Mai Aski ya sake durƙusawa. Ya ɓamɓare yatsan nuni, ya kama na tsakiya, na farkon ya koma. Sai da ya sa Amarya ta danne waɗanda ya buɗe, yana bi ɗaya-ɗaya, gaɓoɓin na ƙara, kafin fad ɗin ya fita. Ya goge gumin da ke jikinsa da gefen riga, ya jefa a leda.

"Ka gani ko, Yaya? Ko an bar maka, ba iya komai za ka yi da shi ba. Gara a kai shi inda zai yi amfani."

"Haka ne kuma," in ji Inna, ba ta dubi kowa ba.

Aka cire masa farar rigar don kada ta ɓaci, aka zura masa mai faɗin wuyan, aka mayar da shi ɗakin da ke jikin banɗaki, aka saita keken yana fuskantar ƙusoshin nan huɗu. Hannuwansa na kan cinya, a lanƙwashe suna kallon juna, da ɗan fili a tsakaninsu daidai faɗin fad. Babban yatsan dama bai daina rawa ba. Can daga bakin titi ihu ya taso, wani ya ci ƙwallo.

Inna ta shigo da faranti, ta jawo kujera ta zauna a gabansa. Ta ɗebo shinkafa a cokali, ta hura.

"Buɗe bakin," ta ce.

Ya buɗe.